Farar Miyar Asabar

A shekarun farko bayan soja sun koma bariki, ina aiki a wata ma'aikatar gwamnatin tarayya a Abuja, a sashen da ke ajiye fayilolin ma'aikata. A Kubwa nake zaune, ciki da falo a bayan gidan wani mutum da ban taɓa gani ba sai wakilinsa. Kullum da sassafe nakan bi layin bas tare da ɗaruruwan irina, mu shiga cunkoson babbar hanya, mu isa gari rigunanmu sun jiƙe. Garin kuwa ko'ina gini ake yi. Inda ka bar fili a watan jiya, wannan watan sai ka tarar da bene ya kai hawa uku. Abokan aikina ba su da zance sai na fuloti da kwangila da sabuwar wayar hannu. Ni ma na sayi wayar, amma takan yi kwana biyu ba ta yi ƙara ba.

Aurena da mahaifiyar 'yata ya mutu shekara guda kafin abin da zan ba da labari. Ba faɗa muka yi ba. Ta samu aiki a banki, ni ina ma'aikata, kowa ya fita da duhu-duhu ya dawo a gajiye, har muka wayi gari ba mu da abin faɗa wa juna. Iyaye suka shiga maganar, suka gaji suka fita. Ta koma wurin yayarta a Wuse da yarinyar. 'Yan'uwana sun matsa in karɓe ta in kai Zariya wurin mahaifiyata, na ƙi, saboda tana jin daɗin makarantarta kuma ban ga laifin da uwar ta yi ba. Aka shirya a kan zan riƙa ɗaukar ta ranar Asabar, mako ɗaya bayan ɗaya, daga hantsi zuwa la'asar sakaliya.

Shekararta goma a lokacin. Sunan mahaifiyata aka sa mata, don haka ba na iya kiran sunan, sai dai in ce Mamana. Yarinya ce mai shiru, doguwa, mai yawan kallon ƙasa. In na je ƙofar gidan nakan tsaya a waje, ta fito da 'yar jakarta, ta durƙusa ta gaishe ni kamar baƙo, mu tare koriyar tasi. Nakan kai ta wurin shan askirim, ko wurin lilo, ko mu zagaya kantuna. Ina tambaya tana amsawa.

"Mamana, ya makaranta?"

"Lafiya lau, Abba."

"Ana karatu dai?"

"Ana yi."

Daga nan sai mu zauna muna kallon mutane. Da la'asar in mayar da ita, in hau bas ɗin Kubwa ina jin kamar na je ganin mara lafiya a asibiti an ce lokaci ya cika. Wanda ya san Abuja ya san yadda take komawa in Juma'a ta yi: kowa ya kama hanyar Kaduna ko Kano ko Jos, unguwa ta yi tsit. Asabar ɗin da ba tawa ba nakan wanke kayana, in goge, in share ɗakin da ba wanda ya ɓata, in kwanta ina sauraron rediyo har a kira azahar.

Wata Asabar muna zaune a wani wurin cin abinci a Wuse, na sa aka kawo mata soyayyen kifi da dankali. Ta ɗan taɓa kifin da cokali, sai ta ɗago kai ta ce, "Abba, ba su da farar miyar nan?"

"Wace farar miya?"

Sai ta ajiye cokalin. Ashe an yi wa wata 'yar ajinsu liyafar cikar shekara a wani babban otel, aka gayyace su. An kawo musu kifi da jatan lande, an soya su da fulawa, a gefe kuma ga wata miya fara mai kauri a ɗan ƙaramin kwano, mai sanyi, da tsami-tsami, da wasu abubuwa koraye a ciki masu ƙaras-ƙaras. Ta ce ƙawarta ta tsoma yatsa a ciki malamarsu ta harare ta. Ta ce ita kuma ta ɓoye kwanon wata yarinya da ba ta son miyar, ta cinye biyu. Ta yi dariya tana rufe baki da hannu. Ta fi minti biyar tana magana. Tun da muka rabu da uwarta ban ji ta jera jimla uku a gabana ba sai ran nan.

"Ya sunan miyar?" na tambaye ta.

"Tata, ko me? Na manta, Abba."

Ranar Litinin na tafi ofis da maganar a raina. A bayan gininmu akwai kantin abinci na ma'aikata, wata mata 'yar Filato ke riƙe da shi. Dattijuwa ce kakkaura, ta haura hamsin, kullum da ɗan gicciye a wuya da tawul a kafaɗa. Kowa Madam yake ce mata. Shekara uku ina cin shinkafarta da wake, amma maganarmu ba ta wuce gaisuwa da "ƙara yaji" ba. Na taɓa jin an ce ta yi aiki a kicin ɗin wani otel kafin ta buɗe kantin. Na jira har mutane suka ragu, sannan na matsa kusa da teburinta kamar mai neman alfarma.

"Madam, akwai wata farar miya da ake ci da kifi, wai ita tata."

Ta dube ni, ta kwashe da dariya har tana dafa tebur. Hausarta irin ta Abuja ce, ba ruwanta da mace ko namiji.

"Oga, tata sos kake nufi. Wa zai dafa maka? Ka yi sabon amarya ne?"

"Ni zan yi. 'Yata ce take so."

Dariyar ta tsaya. Ta goge hannu da tawul, ta jawo benci ta ce in zauna. Ta ce ana sayar da ita a kwalba a manyan kantuna, amma ta kwalba sukari ne kawai da ruwa, in yarinyar ta ci ta otel to za ta gane. Ta ce ba dafa ta ake yi ba, kaɗa ta ake yi. Na zaro biro da takardar ofis ina rubutawa. Da farko a yanka kokwamba ƙanana, a zuba gishiri da ɗan sukari da ruwan kal, wato ruwan tsamin nan na kwalba, a rufe a bar ta kwana uku a firji. Sannan a fasa ƙwai biyu a ware gwaiduwar, a sa mata gishiri da ɗan mustad, wani rawayan yaji na kwalba, a kaɗa, ana ɗiga man gyaɗa har ta yi kauri. A matsa lemun tsami. A tsame kokwambar a yanka ta mitsi-mitsi, a haɗa da albasa kaɗan da lawashi da masoro, a juya.

"Shi ke nan?" na ce.

"Shi ke nan. Amma Oga, man nan, kaɗan kaɗan. Kuma ɗanyen ƙwai ne, ranar da ka yi ranar za a ci. Kar ka ba yarinya wanda ya kwana."

Na ga abin ba wuya. Da yamma na sauka a kasuwar Wuse na sayi kokwamba da ruwan kal da mustad da kiret ɗin ƙwai. Kicin ɗina a lokacin ba abin da ke ciki sai risho, tukunya ɗaya, butar shayi da kwanuka uku. Na yanka kokwambar da wuƙar da nake fere rake, na cusa ta a tsohuwar kwalbar zuma, na sa a firji. Kwana ukun nan duk na dawo daga aiki sai na buɗe firjin na ɗaga kwalbar na duba, ina ganin yadda korenta ke dusashewa. In an ɗauke wuta sai in damu, in ƙi buɗe firjin don kar sanyin ya fita.

Ranar Asabar ɗin da ba tawa ba na zauna gwaji. Gwaiduwar farko ta fashe a hannuna ta bi farin ƙwan. Ta biyu ma haka. Da kyar na samu biyu lafiyayyu. Na kama cokali mai yatsu ina kaɗawa, na tuttula mai kamar yadda nake ganin ana zubawa a miya. Abin ya zama ruwa, rawaya, mai na yawo a sama, ƙwai na kwance a ƙasa. Na kaɗa har kafaɗata ta yi tsami, bai haɗu ba. Na zubar na sake, haka ya ƙara yi. Gwaji na uku ya fara kama jikinsa, raina ya yi fari, na ƙara mai da ɗan sauri, nan take ya tsinke a gabana. Na zauna a kan bokiti a kicin, hannuna duk ƙarni, ina jin 'ya'yan maƙwabta suna wasan ƙwallo a waje. Ban iya zubar da wannan ba. Na ɗora shi a risho na soya, na ci da burodi a tsaye.

Ranar Litinin Madam ta ga fuskata ta ce, "Ya tsinke ko?"

"Sau uku."

"Daga firji ka ɗauko ƙwan?"

Na ce e. Ta girgiza kai. Ta ce in dawo bayan ƙarfe uku in an gama sayar da abinci. Na koma na same ta ita kaɗai tana kankare tukunya. Ta wanke hannu, ta ɗauko ƙwai biyu daga kan tebur, ta ce ƙwai mai sanyi ba ya karɓar mai, sai wanda ya sha iskar ɗaki. Ta fasa a tafin hannunta, ta bar farin ya zurare ta tsakanin yatsu, gwaiduwar ta zauna cif. Ta ba ni kwanon da wani maburgi na waya, ita ta riƙe kwalbar mai ta toshe bakin da babban yatsa.

"Kaɗa. Kar ka tsaya. Kar ka kalle ni, kalli kwano."

Ɗigo ɗaya ta saki. Na kaɗa har ya ɓace. Ta saki wani. Na ƙosa, na ce Madam a haka ai sai magariba. Ta ce, "Kana da inda za ka je ne?" Ba ni da shi, sai na ci gaba. Can sai na ji maburgin ya fara nauyi, rawayar ta fara komawa fari, sautin kwanon ma ya sauya. Daga nan ta riƙa sakin man siriri kamar zare. Da ta matsa lemun tsami abin ya yi fari tas, ya tsaya a jikin cokali bai zuba ba. Ta nuna mini kuma yadda ake ceto wanda ya tsinke: a fasa sabuwar gwaiduwa a wani kwano, a riƙa zuba tsinkakken a kai cokali-cokali ana kaɗawa. Da zan tafi ta ce in tafi da maburgin, tana da wani.

A gida matsalata ita ce hannu biyu ba sa isa. Ɗaya na kaɗawa, ɗaya na ɗiga mai, kwanon kuma sai ya riƙa juyawa a kan kantar kicin. Na gwada matse shi da ciki, na gwada zama a ƙasa in riƙe shi da ƙafafu kamar mai dakan yaji. A ƙarshe na jiƙa tsumma na naɗe shi kamar gammo na ɗora kwanon a kai, ya zauna. Ranar Alhamis da yamma na yi wadda ta haɗu daga farko har ƙarshe. Na ɗanɗana, na sake ɗanɗanawa. Na ɗauki waya in gaya wa wani, na bi sunayen da ke ciki daga sama har ƙasa, ban ga wanda zan ce wa na iya kaɗa ƙwai ba. Na ajiye wayar.

Asabar ɗina ta zo. Bayan sallar asuba na tafi kasuwar kifi ta Kado. Ban taɓa sayen jatan lande ba, a Zariya busasshensa kawai na sani, wanda ake dakawa a miya. Mai kifin ya buɗe wani babban firji ya nuna mini su jere cikin ƙanƙara, kowanne ya kai yatsa, ya ce daga bakin teku aka kawo su a mota. Na sayi su da kifin teku mai farin nama, na koma Kubwa na ɓare su ɗaya bayan ɗaya, na cire baƙin zaren bayansu kamar yadda Madam ta ce. Na kaɗa miyar, na rufe ta a firji, na yi wanka na sa farar shadda. Ina ɗaura agogo wayata ta yi ƙara. Mahaifiyar 'yata ce.

Muka gaisa a taƙaice. Ta ce a yi haƙuri, an sa wa 'yan ajinsu darasi na musamman ranar Asabar saboda jarrabawa ta matso, ita ma jiya da yamma ta sani. Na ce ba komai, Allah ya ba da sa'a. Ta ce bari ta ba yarinyar wayar mu gaisa, sai kuma ta ce au, ta riga ta fita.

Na cire shaddar na rataye. Na soya kifin da jatan landen tunda na riga na ɓare, na jera a faranti, na zauna a falo. Abin ya yi daɗi, wannan ne ma ya fi ɓata mini rai. Na ci kaɗan na ɗauki sauran na ƙwanƙwasa ƙofar maƙwabtana, na tarar da kwaɗo, sun tafi garinsu. Na dawo da farantin. Da la'asar na kwashe miyar na zubar a bayan gida, saboda an ce kar ta kwana.

Bayan mako biyu 'yata ta zo. Wannan karon, ban da sayen jatan lande, ban yi komai ba kafin in ɗauko ta, tsoron kar a sake. Da muka shiga tasi na ce wa direba tashar Kubwa, ta dube ni, don rabonta da gidana tun ana ruwan bara. Muna shiga na kai ta kicin na nuna mata ƙwai da kwalbar kokwamba da maburgi.

"Mamana, yau farar miyarki za mu yi."

"Abba, kai ka iya?"

"Za ki gani. Wanke hannunki, ke ce mai zuba mai."

Na nuna mata yadda za ta toshe bakin kwalbar da yatsa. Ta tsaya a gefena, kanta daidai kafaɗata, ta cije leɓe tana sakin ɗigo ɗaya-ɗaya. Tun da idonmu na kan kwano ba a kan juna ba, sai magana ta zo da kanta. Ta ce malamin lissafinsu yana da wata tsohuwar mota da sai 'yan aji sun tura take tashi. Ta ce ba ta son ɗakin da take kwana a gidan yayar mamanta saboda taga na kallon janareto. Ta tambaye ni ko gaskiya ne ina yaro na taɓa faɗawa rijiya, kakarta ce ta gaya mata. Na ce gaskiya ne, amma rijiyar ba ruwa, akuya na bi. Ta yi dariya har man ya zubo da yawa, muka yi ihu tare, na kaɗa da sauri, Allah ya taimaka bai tsinke ba.

Da muka zauna ci, ta tsoma jatan lande a miyar ta kai baki, ni kuma na kasa cin nawa ina kallon ta. Ta tauna a hankali.

"Ba irin ta otel ɗin ba ce," ta ce.

"Me ya rage?"

"Waccan akwai wasu 'yan ƙanana masu gishiri, kamar ƙwayar wake." Ta sake tsoma wani. "Amma wannan ta fi tsami. Ina son tsamin."

Ta cinye kwanon, ta sa yatsa ta suɗe, ta dube ni ko zan hana. Ban hana ba.

Madam ta ce 'yan ƙananan nan daga waje ake kawo su a kwalba, ba kullum ake samu ba, in sa koren zaitun a madadinsu. Na sa. 'Yata ta ce har yanzu ba su ba ne, amma a bar zaitun ɗin. Daga nan Asabar ɗinmu ta samu abin yi. Na daina kai ta wurin lilo. Mukan biya Kado tare, ta toshe hanci tana zaɓen kifi, mu wuce Kubwa. Na sayi kasko da faranti huɗu da kujera 'yar tsugunne saboda ita. Wata rana muka sa dafaffen ƙwai a ciki, wata rana ta ce a gwada attaruhu, muka gwada muka sha ruwa kamar raƙuma. Akwai ranar da ta karɓi maburgin ta ce ni in zuba mai, ta riƙa yi mini tsawa, "Abba, kaɗan kaɗan!" Ba kowace Asabar ce ke daɗi ba. Wani lokacin takan zo da fushin da ba ta faɗin dalilinsa, mu kaɗa ƙwan shiru, mu ci shiru. Ko hakan ya fi mini zaman kallon mutane a kanti.

Mun yi kamar wata takwas a haka. Sai wata ranar Laraba mahaifiyarta ta kira ni ina ofis, ta ce tana son mu yi magana in na zo ɗaukar yarinya. Ran Asabar ta fito da kanta bakin ƙofa, abin da ba ta saba ba. Ta ce bankinsu na buɗe sababbin rassa, an ƙara mata girma an mayar da ita Fatakwal, ƙarshen wata za su tafi. Ta ce ta samo wa yarinyar makaranta mai kyau a can. Ta ce ta san ina da hakki, in na ce a bar ta ba za ta ja da ni ba.

Na dubi 'yata, tana tsaye bayan uwarta tana murza igiyar jakarta. Na tuna ɗakina, da fitar asuba, da dawowar magariba, da unguwar da ba kowa ranar Lahadi. Wa zai tare ta in ta dawo daga makaranta? Wa zai yi mata kitso? Na ce Allah ya sa alheri ne, ta tafi da ita.

Muka shiga tasi da 'yata. Mun kusa Kado ta ce, "Abba, Mama ta ce a can teku na kusa. Wai jatan lande ko ƙanƙara ba a sa musu."

"Haka ne. Za ki ci sabo."

"Za ka zo?"

"Zan zo, in Allah ya yarda."

Ranar ba ta zuba mai da kyau ba, miyar ta tsinke. Ta fashe da kuka, wai ita ta ɓata. Na ce ba ta ɓaci ba. Na fasa sabuwar gwaiduwa, na ba ta cokali ta riƙa ɗebo tsinkakken tana zuba mini, tana jan majina, har ya haɗe. Muka ci. Ta ce in rubuta mata yadda ake yi, na rubuta a bayan littafinta na Hausa, ta gyara mini inda na manta lemun tsami. Da la'asar na mayar da ita. A bakin ƙofa ta fara durƙusawa, sai ta fasa, ta rungume ni ta ƙugu, ta shige da gudu.

Na je Fatakwal sau biyu a shekarar farko, sau ɗaya a ta biyu. Tafiyar da nisa, hutun kaɗan, in na je kuma a masauki nake sauka, mu haɗu a falon mutane. Takan zo Zariya da babbar sallah wani lokaci. Ta girma a can, ta yi jami'a a can, harshenta ma ya ɗan karkata. Muna waya, tana da kirki, ba ta taɓa barin wata ya wuce ba ta kira ni ba. Amma zaman da muka yi a kicin ɗin nan bai sake samuwa ba, ni kuma ban ƙara aure ba sai bayan na bar aiki na koma gida.

Ranar Litinin ɗin da ta biyo bayan tafiyarsu na je kantin Madam a makare, mutane sun watse. Ta zuba mini shinkafa da wake ta ce, "Oga, ya yarinya? Har yanzu yana cin zaitun ɗin?"

Na ce sun tashi, sun koma Fatakwal da uwarta.

Ta ƙara mini nama ɗaya, ta zuba wa kanta ɗan abinci a murfin kula, ta zo ta zauna a bencin da ke kallona, abin da ban taɓa ganin ta yi da wani ba. Muka ci. Can ta ce tana da 'ya'ya uku a ƙauyensu, wajen uwarta ta bar su tun ƙaramin yana shan nono, bayan mijinta ya rasu. Ta ce sai Kirsimeti take ganin su, kwana goma. Yanzu babban har ya yi aure. Ta ce shekara goma sha ɗaya ta yi a kicin ɗin otel tana kaɗa miyar nan kullum, bokiti guda, wa mutanen da ba ta taɓa ganin fuskarsu ba.

"Naki 'ya'yan suna son ta?" na tambaya.

"Ba su taɓa ci ba," ta ce. "In na je gida, gwaten acca suke so in yi musu."

Ta tashi ta kwashe kwanukan. Na yi mata godiya, na koma ofis, na tarar an jibge mini fayiloli a kan tebur, na zauna na fara da na sama.